Ku Tambaya, Mu Amsa: Makaɗin da Ya Rataya Kamera Ya Nufi Bayan Gari

Wasiƙu uku ne suka haɗu a teburinmu a wannan wata, ɗaya daga Tawa, biyu daga Yamai, kuma ko da yake masu su ba su san juna ba, duk a kan mutum iri ɗaya suke magana, wato makaɗin da bai gaji kiɗa ba, wanda ya ɗauki kamera ya nufi inda jama'a ke kau da kai. Kamar yadda muka saba, mun sakaya sunaye, mun kuma taƙaita wasiƙun ba tare da mun taɓa ma'anarsu ba.

TAMBAYA TA FARKO

Assalamu alaikum, Malam. Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina rubuto maka ne a kan ɗan ƙanena da ya tashi a hannuna tun rasuwar mahaifinsa, har ba ya kirana da wani suna sai Baba. Na sa shi makarantar allo, na sa shi lakwal, ya yi karatu har Yamai, ya dawo Tawa ya samu aiki a wani ofis, muka yi hamdala. Ba a yi shekara biyu ba ya ajiye aikin. Tun yana yaro yake son kaɗa gurmi, daga baya ya koma gita, alhali gidanmu ba gidan makaɗa ba ne, ba mu gaji roƙo ba ta wajen uwa ko ta wajen uba. Da abin ya tsaya nan da sauƙi, tunda ba ya zuwa gidan biki, waƙoƙin nasa ma ba na rawa ba ne, wasu in ka saurara kamar kuka. To yanzu ya sayi kamera, kuma ba ya ɗaukar kowa sai waɗanda mutane ke kauce wa: makafin da ke bara a bakin tasha, kutare, yaran da ke kwana a rumfunan kasuwa, 'yan bori, har da wata tsohuwa da kowa ya san ba ta cikin hankalinta. Ranar Lahadin da ta wuce, ana tsakiyar cin kasuwa, wani aminina ya gan shi zaune a ƙasa yana cin abinci kwano ɗaya da makafi. Ya ce wai fim yake yi na zahiri, ba na wasan kwaikwayo irin na Kano ba, kuma shekara uku ke nan ban ga fim ba, ban ga kuɗi ba. Mun nema masa aure a wani gida, aka ce mu dakata, mun kuwa san dalili. Ni dai abin da na sani shi ne, zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai. Malam, wannan sana'a ce, ko kuwa a nema masa magani?

Daga wani uba, unguwar Bilbis, Tawa.

AMSA

Wa alaikumus salam, Baba. Allah ya ba ka ladan riƙon maraya, ya kuma sa ka ci moriyar wahalarka. Bari in fara da abin da ya fi tsaya maka a rai: a cikin duk abin da ka lissafa ban ga alamar ciwo ba. Da ka ce ya daina barci, ko ya bar wanka da salla, ko yana surutu shi kaɗai, ko an tsinci ƙwaya a aljihunsa, da na ce a gaggauta kai shi likita. Amma mutumin da ya riƙe aiki ɗaya shekara uku, yana fita yana dawowa gida, yana kuma iya faɗa maka abin da yake yi da hankalinsa, wannan mai sana'a ne, sai dai sana'ar tasa ba ta cikin waɗanda ake sa wa albarka a zaurukanmu.

Ita kuwa ba baƙuwa ba ce a Nijar, balle a Tawa. Mustafa Alasan, wanda aka haifa a 1942 ya rasu a 2015, yana cikin mutanen farko da suka shirya fim a wannan ƙasa tun farkon shekarun 1960, ya kuma yi suna da zane mai motsi, har ya taɓa mayar da kwaɗo shugaban ƙasa domin ya yi wa masu mulki shaguɓe. A garinku ya yi zaman ƙarshen rayuwarsa, yana da masaukin baƙi, yana kuma ci gaba da aikinsa a ciki, kuma ina kyautata zaton akwai dattijan da suka sha shayi da shi a cikin abokanka. A 2024 hukuma ta sa sunansa a babbar cibiyar al'adu ta Yamai. Sani Magori, ɗan Galmi, ilimin noma ya karanta kafin ya koma fim, kuma a 2008 ya fitar da wanda ya yi a kan noman albasa da yadda farashinta ke iya ɗaga ranar aure ko ya matso da ita, aka kalle shi a ƙasashe da dama. Batun gado ma haka yake. Mamman Shata ɗan haye ne a waƙa, mahaifinsa bai so ba, amma yau wa ke tuna wannan? Mdou Moctar, ɗan jihar Tawa, da wayar birkin keke ya ɗaura gitarsa ta farko saboda gidansu ba su yarda da kiɗa ba, yanzu kuwa yana cika dandali a Amurka da Turai. Ban kawo waɗannan sunaye don in yi maka alkawarin ɗanka zai kai inda suka kai ba, domin a bayan kowane ɗaya daga cikinsu akwai goma da suka bi hanyar ba su ɓulle ba. Na kawo su ne don ka san cewa hanyar tana da sawu.

Me ya sa kuwa bai ɗauki alhazai da masu mulki ba, sai makafi? Na taɓa zama a bakin wata tasha a Yamai ina jiran mota, sai ga makafi uku, babban yana gaba, hannun na biyu a kafaɗarsa, na uku a kafaɗar na biyu, wata yarinya da ba ta wuce shekara tara ba tana jan sanda. Babban ya ɗauko baiti, biyun suka amsa, kuma har suka gama ba su taɓa shiga bakin juna ba. Inda numfashinsa ya ƙare, nan daidai suke karɓa, kamar an auna da ma'auni. Mu da ke kan benci kowa ya duƙar da kai kan salularsa, wani ya miƙa dala biyar ba tare da ya ɗago ba. Makaɗi ba zai iya yin abin da muka yi ba, domin kunnensa ya riga ya ji cewa aikin da ke cikin wannan amshi ya fi na waƙoƙi da yawa da ake sa wa a rediyo. Aliyu Namangi makaho ne a Zariya, baitocinsa na Imfiraji ana karantar da su a jami'o'i, amma bakin mabarata ne ya ɗauke su gari gari tun kafin malaman jami'a su waiwaye su. Haka goge da ƙwaryar 'yan bori, inda kowane iska yake da takensa da kirarinsa, kuma masu riƙe da wannan sani suna ƙarewa ɗaya bayan ɗaya ba tare da wani ya naɗa ba. Hukuncin bori a addini na malamai ne, sun kuma yi magana a kansa, amma mai naɗar sautin goge bai zama ɗan bori ba, kamar yadda mai rubuta tarihin yaƙi bai zama mayaƙi ba. Akwai kuma wani abu da bai kamata in ɓoye maka ba: yaron da ya tashi maraya, ya kuma so abin da gidansu ba sa so, ya san ɗanɗanon zama a gefe, saboda haka ba abin mamaki ba ne idan ƙafarsa ta fi sakewa a wajen waɗanda aka ajiye a gefe.

Saboda haka kwanon da amininka ya gani bai tayar mini da hankali ba, hasali ma shi ne abin da ya fi kwantar mini da shi a duk wasiƙarka. Wanda nake tsoro shi ne mai tsayawa daga nesa ya zuƙo fuskar mutum da gilashin kamera, ya juya ya tafi bai ko yi sallama ba. Inda ya kamata ka sa ido, Baba, shi ne abin da ɗanka yake yi da hotunan bayan ya ɗauka, kuma a nan tarihin wannan ƙasa yana da abin koyarwa ta fuska biyu.

Jean Rouch Bafaranshe ne da ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanyoyi, ya koma mai ɗaukar fim, ya shafe sama da shekara hamsin yana kai da kawowa, har ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a watan Fabrairun 2004, aka binne shi a Yamai. A farkon shekarun 1950 ya ɗauki sarkawan Ayoru suna farautar dorina a kogin Kwara, ya je Faransa ya haɗa fim ɗin, ya ɗora masa kiɗa a wurin farautar domin ya ƙara armashi. Da ya dawo ya kafa farin ƙyalle a garin, ya tayar da inji, ya nuna wa masu abin, sai suka ce masa kiɗan nan kuskure ne, domin dorina tana ji a ƙarƙashin ruwa, kiɗa kuwa ƙarfin zuciya zai ƙara mata, farautarta a cikin shiru ake yi. Ya cire kiɗan. Ina so ɗanka, da yake makaɗi ne, ya riƙe wannan labari da kyau, domin jarabar da za ta fi damunsa ita ce ya zuba gitarsa mai kama da kuka a kan fuskar makaho, ya sa mai kallo hawaye a inda shi makahon dariya yake yi. Ɗaya fuskar kuma ita ce fim ɗin da Rouch ya ɗauka a Akara a kan 'yan Hauka, waɗanda Hausawan Kurfai da Arewa ke kira Babule, 'yan cin rani daga Nijar da iskokinsu ke kwaikwayon gwamna da hafsoshin Nasara. Su da kansu suka gayyace shi, amma da aka nuna fim ɗin a Paris a 1955, da kumfa a baki da yankan kare, ɗaliban Afirka da ke zauren suka fusata, malaminsa ma ya ce a lalata shi, Ingilishi kuma suka hana nuna shi a ƙasar da suke mulka. Abin da yake da ma'ana a wajen masu shi ya zama abin ƙyama a idon wanda bai san tushensa ba. Usman Sambene na Senegal ya faɗa masa a fuska daga baya cewa irinsu suna kallon 'yan Afirka ne kamar ƙwari. Ɗan gida ma yana iya yi wa maƙwabcinsa wannan kallo, zamansa Ba'adare, wato ɗan ƙasar Tawa, bai wanke shi ba.

To ka zaunar da shi, ba zaman faɗa ba, ka tambaye shi ta hannun wa ya shiga wajen mutanen nan. Mu da ke waje muna ganin kamar taron marasa kai ne, alhali makafi suna da sarkinsu, kutare da guragu suna da nasu, 'yan bori suna da magajiya da sarkin bori, tasha ma tana da shugabanninta, kuma wanda ya tsallake waɗannan ya shiga gida ne ta katanga. Ka tambaye shi ko ya taɓa mayar musu da abin da ya ɗauka, masu gani su gani, makafi su saurara, ko akwai wurin da wani ya ce a cire ya kuwa cire. Ka tambaye shi ko sun san cewa hoton da ya shiga intanet ba ya dawowa, kuma 'yar makahon nan da ke jan sanda yau, gobe budurwa ce da za a zo neman aurenta. Yaran da ke kwana a kasuwa ba su kai shekarun da za su ba da izinin kansu ba, sai a nemi iyaye ko malaminsu, in ba a samu ba a ɓoye fuska. 'Yan bori kuwa a wasu unguwanni fitar da fuskarsu na iya jawo musu kora daga gidan haya ko jifa. Game da tsohuwar nan, ra'ayina a tsaye yake: wadda ba ta cikin hankalinta ba ta iya cewa na yarda, kuma ko danginta sun yarda, ban ga abin da fim zai ƙaru da shi ba wanda ya kai tsiraicin da za a yi mata. Ya kai mata abinci in yana so, amma ya rufe kamera.

Saura maganar kuɗi da aure, wadda ba zan shafa maka zuma a baki a kanta ba. Fim ɗin zahiri ba ya ciyar da gida a Nijar, domin gidajen sinima sun mutu kusan duka, gidajen talabijin ba su cika saye ba, abin da ake samu yawanci daga tallafi ne ko gasar ƙasashen waje, shi ma sai an gama aikin. Shekara uku ba ta yi yawa ga irin wannan fim ba, amma ta yi yawa ga mutumin da ba shi da wata hanyar shiga. Ka sa masa sharaɗi biyu: ya nemi abin da zai riƙe kansa da kamerar nan, ko ɗaukar biki ne ko aikin ƙungiyoyi ko na gidan rediyo, sannan ya yanke wa kansa lokacin da zai rufe ɗauka ya zauna haɗawa, domin akwai masu fakewa da ɗauka saboda tsoron ranar da za a ga aikinsu a yi masa hukunci. Kafin nan ka ce ya kawo abin da ya tara ya nuna maka a tsakar gida bayan isha'i, kai da iyalinka. Gani ya kori ji, kuma idan ka ga yadda mutanen ke kallon kamerar tasa, ko da sakin fuska ko da ɗari-ɗari, za ka san abin da za ka faɗa wa gidan da suka ce ku dakata.

TAMBAYA TA BIYU

Malam, barka da aiki. Ni mai zubin tukwane ne a kasuwar Katako. Bara wani Bature ya zo rumfarmu, ya ce shi makaɗi ne a ƙasarsu, ƙarar gudumarmu ce ta jawo shi. Ya yi sati biyu yana zuwa, yana zama cikin hayaƙi tare da mu, ya ɗauki yadda muke narka gwangwanaye da tsofaffin kayan mota, da yadda muke danna ƙasa a jikin tukunya mu fitar da siffarta kafin zubi. Wani yaronmu mai waƙa in yana fiƙar bakin tukunya, shi ma ya naɗe shi. Da zai tafi ya ba mu jika goma goma, ya kawo wata takarda da Turanci muka sa hannu. Mutumin kirki ne a zama, ba zan yi masa ƙarya ba. Kwanan nan ɗana ya nuna mini mu a YouTube, an haɗa ƙarar aikinmu da kiɗansa, mutane da yawa sun kalla, kuma ɗana ya ce sunan da aka sa wa abin yana nufin mutanen da ke rayuwa a cikin shara. Malam, ni da wannan sana'a na aurar da 'ya'ya uku. Mene ne haƙƙinmu?

Daga wani maƙeri, Katako, Yamai.

AMSA

Sannu da aiki, Malam, Allah ya yi wa sana'a albarka. Abin da ya same ku shi ne ake ce wa kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi, ko da kuwa gardin bai yi da mugun nufi ba. Na yarda da kai cewa mai yiwuwa mutumin kirki ne, domin wanda ya jure hayaƙin Katako sati biyu ba ɗan yawon buɗe ido ba ne. Amma baƙo makaho ne ko da yana da ido: ya ga tulin gwangwani ya kira shi shara, ku kuwa kun san kayan aiki ne da kuke saye da kuɗinku a kan awo, kuna fitar da tukunyar da ake dafa abincin biki da ita daga Yamai har ƙauyuka. Wataƙila kuma ya san hakan sarai, sai dai ya san irin sunan da ke sa mutanen ƙasarsu su tsaya su kalla. Ko wanne ne, sunan ƙarya ne a kanku, kuma shi ne abu na farko da za ku nema a canza.

Takardar da kuka sa wa hannu, bisa al'adar masu wannan aiki, ta amincewa ce da a yi amfani da hotonku da muryarku. Kuskuren da aka yi shi ne ba a karanta muku ita da Hausa ko Zabarmanci ba, ba a kuma bar muku kwafi ba, kuma wannan nauyi a wuyansa yake tunda shi ya san abin da ke ciki. Ku fara da lalama. Ku haɗu ta hannun shugaban rumfarku, ɗanka ya rubuta masa saƙo a ƙarƙashin sunan da ya sa abin, ku nemi kwafin takardar, ku nemi a canza sunan, a rubuta sunayenku da sana'arku a jiki, a kuma faɗa muku abin da aka fassara a ƙasan maganarku, domin sau da yawa mutum yana cewa aiki da wuya amma alhamdu lillahi, sai a rubuta rabin farko a bar na biyu. Idan ya yi kunnen ƙashi, YouTube yana da hanyar da wanda ake iya gane fuskarsa a hoto zai shigar da ƙorafi ya nemi a sauke, Nijar kuma tana da dokar kare bayanan mutum tun 2017 da hukumar da ke kula da ita. Baƙon da ya zo ɗaukar fim yana bukatar izinin hukuma, kuma cibiyar kula da harkar sinima ta ƙasa, CNCN, a nan Yamai take, kuna iya zuwa ku kai kukanku.

Batun yaron da ya yi waƙa daban ne, ya kuma fi ƙarfi. Ƙarar guduma ana iya gardama a kanta, amma waƙar da mutum ya rera da bakinsa tasa ce, kuma idan an ɗora ta a cikin kiɗan da ake sayarwa ko ake samun kuɗin talla da shi, yana da rabo. Ofishin kare haƙƙin masu fasaha, BNDA, domin irin wannan aka kafa shi. Ku je da yaron da kuma salular da ke ɗauke da abin. Jika goma da aka ba ku goron zama ne da ɓata lokacin aiki, ba kuɗin sayen murya har abada ba.

Ba na so kuma ku ɗauka cewa duk baƙon da ya zo da na'urar naɗar sauti ɓarawo ne. Wani Ba'amurke, Christopher Kirkley, ya tattara waƙoƙin da matasan Sahel ke tura wa juna ta salula, ya fitar da su a faifai a 2011, amma sai da ya bi sawun masu su ya nemo su domin a raba abin da aka samu, kuma ta wannan hanya aka fara jin Mdou Moctar a waje. Shi ne kuma ya sake fitar da kiɗan da Mamman Sani ya naɗa da ogan na lantarki, abin kiɗa mai madannai, a Yamai tun 1978, wanda 'yan ƙasa suka daɗe suna ji a rediyo da talabijin ba tare da yawancinsu sun san mai shi ba, har dattijon ya je Turai ya yi wasa. Umaru Ganda ma a Abijan Rouch ya same shi yana aikin ƙarfi bayan ya dawo daga yaƙin Indocin, ya sa shi a fim ɗinsa na 1958, amma Ganda bai tsaya a gaban kamera ba, ya zagaya bayanta ya ba da labarin sojan da kansa, kuma a 1972 shi ya fara cin babbar kyautar gasar fina-finai ta Wagadugu. Bambancin waɗannan baƙi da naku ɗaya ne, sun dawo. Naku har yanzu ƙofa a buɗe take gare shi, kuma in ya amsa saƙonku, ku ce masa kuna so ya zo ko ya aiko a nuna abin a cikin Katako, gaban waɗanda aka ɗauka. Nan gaba kuwa duk wanda ya zo, kada kowa ya sa hannu sai an karanta masa da harshensa, an rubuta inda za a nuna, an kuma bar muku kwafi a rumfa.

TAMBAYA TA UKU

Malam, ni ɗaliba ce, kuma ina ganin masu irin wannan fim tallar talaucinmu kawai suke yi wa duniya. Me ya sa ba za su nuna gadoji da manyan gine-ginen Yamai ba?

Daga wata ɗaliba, Harobanda, Yamai.

AMSA

'Yata, fushinki yana da tushe, wasiƙar maƙerin Katako ma shaida ce. Amma gadoji suna da masu nuna su, talabijin na gwamnati ba ya gajiya da su, mutumin Kara-Kara kuwa in ba a je an same shi ba babu mai jin muryarsa. Kara-Kara unguwa ce a Damagaram da aka daɗe ana ware wa kutare, 'ya'yansu da jikokinsu suka tashi da tambarin wurin, da yawa ba makaranta ba aiki, wasu suka kafa ƙungiyoyin da ake kira fale, waɗanda gari ke jin tsoro. A'isha Maki, 'yar garin, ta shiga cikinsu ta fitar da fim a kansu a 2021, kuma abin da ya raba aikinta da tallar talauci shi ne samarin suna magana da bakinsu, suna ɗaga ƙarfe, suna neman abinci, suna gardama a kan makomarsu, ba a mayar da su abin tausayi kawai ba. Kafin wannan, a 2016, ta yi wani a kan matan da ba su samu haihuwa ba, ta kuma fara da kanta, ta sa nata ciwon a gaban kamera kafin ta nemi na wasu. Idan kina son ki gwada kowane fim da wannan ma'auni, ki duba ko mutanen ciki suna da suna da sana'a, ko an bar su sun gama maganarsu kafin a yanke, ko kuma akwai wurin da suka yi dariya. In kuma kina ganin za ki fi su iyawa, makarantar ESSCOM, wadda a da ake kira IFTIC, da ke horar da 'yan jarida da ma'aikatan rediyo da talabijin tana nan Yamai, gada ɗaya ce tsakaninki da ita.